Kamun Ƙafa a Fadar Magani

Laccar da aka gabatar ga Hausawa mazauna Vaulx-en-Velin da kewayen Liyon

Malam liman, dattawanmu, iyayenmu mata da suka sauke tukunya da wuri don su zo, da ƙannena 'yan makaranta da suka maƙale a can baya, barkanku da yamma. Na hango mutanen Vénissieux da Bron da Villeurbanne, har da baƙinmu na Faris da suka biyo jirgin ƙasa tun da safe. Allah ya ba da ladan zumunci.

Da labari ya bazu cewa zan yi magana a kan kamfanonin magani da 'yan siyasa, wani dattijo daga cikinku ya tare ni a ƙofar masallaci, ya ce shi da ko ƙuri'a ba ya da ita a ƙasar nan, ina ruwansa da wannan. Baba, ga amsarka a hannuna. Kwalin magani ne, irin wanda ke cike da ledar da ke ƙarƙashin gadonka. Tun 31 ga Maris 2024, duk kwalin da ka karɓa a farmasi, ko kemis kamar yadda mutanen Najeriya ke cewa, ana zaftare maka yuro ɗaya daga abin da Sécu, wato asusun lafiya na ƙasa, za ta biya, alhali a da rabin yuro ne. Wannan kai ka ji shi a jikinka. Abin da ba ka gani ba shi ne ƙofofin da kwalin ya ratsa kafin ya iso hannunka. Akwai hukumar da ta ce a sayar da shi, ko dai ta Faransa mai suna ANSM, ko ta Turai da ke Amsterdam. Akwai wata, HAS, da ta auna amfaninsa, daga nan aka san ko Sécu za ta biya kashi 65 cikin ɗari, ko 30, ko 15, ko ta ce ba ruwanta. Akwai kuma wani ƙaramin kwamiti a Faris, CEPS, da ya zauna da kamfanin suka yi ciniki har suka tsai da farashi. Ba a gayyace ka ko ɗaya ba. Kamfanin kuwa, a kowace ƙofa yana da wanda ke zaune yana gaisawa da masu gadi.

Abin da Turawa suka ba wani dogon suna, mu muna da kalmarsa tun kaka da kakanni: kamun ƙafa. Wanda ya tashi a Katsina ko Damagaram ya san ba a faɗa wa sarki kai tsaye da bukata. Sai ka bi ta wurin Shamaki, ko wani bafade da sarki ke jin maganarsa, in ta cikin gida ce ka nemi jakadiya, kuma ba ka zuwa hannu rabbana. Wannan a kan kansa ba laifi ba ne. Ƙungiyar ƙwadago tana kamun ƙafa, marasa lafiya ma suna yi, mu ma da muke neman ɗakin taro mun je ma'aikatar magajin gari mun yi namu. Inda gizo ke saƙar shi ne, talaka sau ɗaya yake zuwa fada, ranar da ta ɓaci masa. Attajiri kuwa kullum yana can, shi ya ɗinka wa bafade rigar salla, shi ya biya kuɗin makarantar ɗansa. Ranar da maganarsu ta haɗu gaban sarki, an riga an gama shari'a tun a zaure.

A Amurka abin a fili ake yinsa, kamar cinikin shanu a kara. Wani bincike da aka buga a 2020 ya tattara abin da kamfanonin magani da kayan asibiti suka kashe wajen kamun ƙafa a Washington daga 1999 zuwa 2018, ya samu dala biliyan 4.7. Ga abin da irin wannan kuɗi ke saya. A 2003 majalisarsu ta yi dokar da ta sa gwamnati ta riƙa biya wa tsofaffi magani, amma aka cusa wani sashe da ya hana gwamnatin neman ragi daga kamfanoni. Ku dubi wannan: kai ne babban mai saye a kasuwa, an kuma ɗaure maka baki kada ka taya. Ɗan majalisar da ya ja ragamar dokar, Billy Tauzin, bai daɗe ba ya bar majalisa ya zama shugaban ƙungiyar kamfanonin magani, a kan albashin da jaridu suka ce ya kai dala miliyan 2 a shekara. Sai a 2022 aka soma kwance wannan ɗauri, shi ma a kan magunguna ƙalilan.

To, Bafaranshe zai ce maka wannan halin Amurkawa ne. Yana da hujja. Tun Janairun 1995 doka ta hana kowane kamfani ba jam'iyya ko ɗan takara ko sisi. Mutum ne kaɗai zai iya bayarwa daga aljihunsa, shi ma kada ya wuce yuro 7,500 a shekara ga jam'iyyu. Dokar tana da kyau, ban raina ta ba. Kafin ta, an sha kallo. Jérôme Cahuzac, ministan kasafin kuɗin nan da aka kama da asusun ɓoye a Suwizalan, a da can mashawarci ne kan harkar magani a ofishin ministan lafiya, daga baya ya koma yana sayar wa kamfanonin magani shawara. Da ya tsaya gaban alƙali a 2016, cewa ya yi kuɗin farko da suka shiga asusun daga kamfanin Pfizer suka fito, don hidimar siyasar tsohon firayim minista Michel Rocard. Rocard ya rasu 'yan watanni kafin nan, ba shi da bakin musantawa, makusantansa ne suka ƙaryata. Na kawo maganar ne don ku san irin iskar da ake shaƙa a wancan zamani.

Abin da na zo in faɗa muku yau shi ne, da aka toshe wannan ƙofa kuɗin bai koma gida ba. Ya daina sayen ɗan takara, ya koma sayen kusanci: kusanci da masanin da hukuma ke tambaya, da likitan da ke riƙe da biro, da magajin garin da ke tsoron a rufe masana'antar garinsa. Babu inda wannan ya fito fili kamar labarin Mediator, don haka ku ba ni dama in ɗan zauna a kansa.

Mediator ƙwaya ce ta kamfanin Servier, ta shiga kasuwa a 1976. A takarda, magani ne na taimaka wa masu kitse a jini da masu ciwon suga da ƙiba ta yi wa yawa. A zahiri, likitoci da yawa suna rubuta shi ne ga mai son ya rame, galibi mata, saboda yana kashe sha'awar abinci. Ɗan gida ɗaya ne da wasu magungunan rage ƙiba na kamfanin, irin su Isoméride, waɗanda aka janye a 1997 bayan an gano suna lalata zuciya da jijiyoyin huhu. An kori yayye, an bar ƙane a gida, don kamfanin ya dage cewa shi wannan ba danginsu ba ne, maganin suga ne. Amma in ya shiga jiki, guba iri ɗaya yake rikiɗewa ya zama. Cikin zuciyar ɗan Adam akwai wasu 'yan ƙofofi masu laushi da ke buɗewa suna rufewa don kada jini ya koma baya. Wannan guba tana sa su yi kauri su sandare, sai mutum ya ga hawa bene ɗaya ya gagare shi, numfashi na yankewa.

A 1999 wani likitan zuciya a Marseille, Georges Chiche, ya kai rahoton wani majinyaci da ya ga haka ta same shi. Daga baya ya ba da labari cewa maimakon a gode masa, mutanen kamfani ne suka yi masa sallama, wani ɗan siyasar birnin kuma ya buga masa waya. A shekarar ce kuma kwamitin da ke auna amfanin magunguna ya ce amfanin Mediator bai taka kara ya karya ba. Duk da haka Sécu ta ci gaba da biyan kashi 65 cikin ɗari na kuɗinsa. Maganin ya bar kasuwar Sifen a 2003, ya bar ta Italiya a 2004. A Faransa yana nan daram. Wata mujallar likitoci da ba ta karɓar talla, Prescrire, ta yi ta kururuwa shekara da shekaru, kamar mai kira a daji.

Wadda ta fasa ƙwan wata likitar huhu ce a asibitin Brest, can bakin teku, Irène Frachon. Daga 2007 ta shiga tattara takardun majinyatanta ɗaya bayan ɗaya, har ta shiga ɗakin binciken gawa ta ga zuciyar wata mata da idonta. Ba ta da kujera a wani kwamiti na Faris, ba ta cin abinci da kowa. A Nuwamban 2009 aka janye Mediator, shekara 33 bayan fitowarsa, bayan mutum wajen miliyan 5 sun sha. Da ta rubuta littafi a 2010, ta sa masa ƙaramin take mai tambayar mutum nawa suka mutu, kamfanin ya kai ƙara, kotu ta sa aka goge tambayar daga bangon littafin, sai da aka ɗaukaka ƙara aka mai da ita. Ƙiyasin farko ya ce aƙalla mutum 500, masanan da kotu ta naɗa daga baya suka ce adadin zai iya kaiwa wajen 2,000.

Yanzu ku tambaye ni, wane ɗan siyasa aka ba cin hanci? Ai nan ne darasin yake. Ba a kama kowa da jakar kuɗi ba. Abin da aka tarar ya fi jakar kuɗi ƙarfi. Hukumar da ke sa ido a kan magani, wadda a lokacin ake kira Afssaps, cike take da masana da ke da wata alaƙa da kamfanoni: wannan an biya masa bincike, wancan an kai shi taro, wancan kuma mashawarci ne. Farfesa Jean-Michel Alexandre, wanda ya shugabanci sashen auna magunguna na hukumar, da barin aikinsa ya koma mashawarcin Servier, ya karɓi sama da yuro miliyan ɗaya cikin shekarun da suka biyo baya. Faransawa suna da wata kalma mai ban dariya ga wannan, daga sunan silifas ɗin cikin ɗaki suka ciro ta: ma'aikaci ya tuɓe takalmin gwamnati mai matsi ya zura ƙafa cikin mai laushi. Wanda ya san silifas na jiransa a ƙofa, yaya zai taka mai silifas ɗin tun yana ofis? Mai kamfanin kansa, Jacques Servier, a Yulin 2009, wata huɗu kafin a janye maganin, shugaba Nicolas Sarkozy ya rataya masa lambar girma mafi daraja ta ƙasar. Sarkozy kuwa, lokacin yana aikin lauya, Servier na cikin waɗanda ya yi wa aiki. Ko rahoton da majalisar dattawa ta rubuta kan badaƙalar a 2011, an gano wani farfesa da kamfanin ke biya ya leƙa shi kafin ya fito. Sanatar da aka tuhuma kan haka kotu ta wanke ta, wajibi ne in faɗa.

Bari in ƙara muku wani abu, don kada ku ɗauka mugaye na gefe ɗaya, salihai na ɗaya gefen. Rahoton masu binciken gwamnati da ya tone asirin Servier a Janairun 2011, wanda ya nuna yadda kamfanin ya yi wa hukuma rufa-ido shekara da shekaru, ɗaya daga cikin marubutansa Aquilino Morelle ne. Mutumin ya yi suna, ya zama mashawarcin shugaba François Hollande. A 2014 jaridar Mediapart ta bankaɗo cewa shi ma a 2007 ya yi wa wani kamfanin magani na Denmak, Lundbeck, aikin shawara an biya shi, yana kuma ma'aikacin hukumar binciken. Ya ajiye aiki, daga baya masu gabatar da ƙara suka rufe maganar ba tare da tuhuma ba. Kun ga, rijiyar ce kowa ke sha daga cikinta.

Babbar shari'ar ba ta fara ba sai Satumban 2019. Jacques Servier ya riga ya mutu tun 2014 yana da shekara 92, bai ji hukunci ba. A Maris 2021 kotun Faris ta samu kamfanin da laifin yaudara da kisa ba da niyya ba, ta ci shi tarar yuro miliyan 2.7, ta ci hukumar magani yuro 303,000 saboda sakaci. Farfesa Alexandre ya samu ɗaurin je-ka-ka-gyara-halinka. A Disamban 2023 kotun ɗaukaka ƙara ta ƙara nauyi: ta ce har da damfara, tara ta kai wajen miliyan 9, kuma kamfanin ya mayar wa Sécu da sauran asusun lafiya sama da yuro miliyan 415. Wannan kuɗi, 'yan uwa, daga takardar albashinku aka yanke shi. Duk wanda ya yi shara ko gadi ko aikin gini a ƙasar nan tsakanin 1976 da 2009 ya sa hannu a sayen Mediator, ko bai taɓa jin sunansa ba.

Mu dawo gida, don Liyon ba 'yar kallo ba ce a harkar magani. Garin nan da magani ya yi arziki bayan siliki. Marcel Mérieux ya kafa cibiyarsa a nan a 1897, daga zuriyarta aka samu bioMérieux da babbar masana'antar rigakafi ta Sanofi da ke Marcy-l'Étoile. Ina so in yi adalci a nan. Lokacin da sanƙarau ya afka wa Barazil a 1974, rigakafin da aka yi a yankin nan ne aka yi wa mutum wajen miliyan 90 cikin 'yan watanni. Mu da muka san abin da sanƙarau ke yi a Maraɗi da Sakkwato in zafi ya tsananta, ba za mu raina wannan ba. Wasunku 'ya'yansu a can suke aiki, wasu su ke share ɗakunan gwajin da dare. Ni ba maƙiyin magani ba ne, kada wani ya fita daga nan ya zubar da maganin hawan jininsa ya ce ni na ce.

Amma a yammacin Liyon, a Messimy, akwai kamfanin Boiron, wanda tagwaye Jean da Henri Boiron suka assasa a 1932, shi ne kan gaba a duniya wajen abin da ake kira homeyofati. Kun san 'yan bututun nan masu launi-launi, cike da ƙananan ƙwayoyin sukari da ake sa wa a ƙarƙashin harshe. Yadda ake yinsu shi ne a ɗauki ɗigon wani abu a tsarma cikin ruwa mai yawa, a ɗebi ɗigo daga nan a sake tsarmawa, a yi ta yi har ya zama da wuya a ce ko ƙwaya ɗaya ta asalin abin ta rage. Shekara da shekaru Sécu na biyan wani kaso na kuɗinsu ba tare da an taɓa auna su da ma'aunin da ake auna sauran magunguna ba. A 2018 kaɗai abin ya ci mata kusan yuro miliyan 127. A Maris na shekarar, ma'aikatan lafiya 124 suka sa hannu a wata wasiƙa a jaridar Le Figaro suna cewa a daina. Ministar lafiya Agnès Buzyn ta miƙa wa HAS maganar ta auna.

A nan muka ga wani salon kamun ƙafa, wanda ba a ɓoye yake ba. Kamfanin da abokan sana'arsa suka buɗe gangami, aka manna takardu a farmasi-farmasi, aka ce mutane su aika saƙon waya su sa hannu, har suka ce sun tara sama da mutum miliyan ɗaya. Taken gangamin bai ce maganin yana aiki ba, cewa ya yi zaɓina ne. Sannan aka fito da babban makami: ayyuka dubu za su salwanta. Nan da nan magajin garin Liyon na lokacin, Gérard Collomb, da shugaban yankinmu na lokacin, Laurent Wauquiez, mutum biyu da siyasa ba ta haɗa su inuwa ɗaya ba, suka tsaya wa kamfanin. Ba wanda ya ba su ko kwabo, ba a kuma bukatar a ba su. Ɗan siyasar da aka ce masa masana'antar yankinsa za ta sallami mutum dubu, an riga an kama ƙafarsa.

Wannan karon abin bai ci ba. A ƙarshen Yunin 2019 HAS ta ce ba ta ga hujjar amfani da za ta sa jama'a su biya ba, ministar ta tsaya a kan haka. Aka rage biyan daga kashi 30 zuwa 15 a 2020, aka daina ɗungurungum ranar 1 ga Janairun 2021. Kamfanin kuma ya sanar da soke guraben aiki 646 a Maris 2020. Ba zan ɓoye muku ba, wannan ya dame ni. A ganina hukuncin daidai ne, bai kamata mai share ofis a Part-Dieu ya riƙa biya wa wasu sukari ba. Amma waɗanda suka rasa aiki mutane ne irinmu, masu haya da 'ya'ya, kuma mu a Vaulx-en-Velin mun san abin da rufe masana'anta ke yi wa gari, ga tsohuwar masana'antar TASE nan a Carré de Soie tana kallonmu. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Ma'aikaci aka sa a gaba a matsayin garkuwa, da aka sha kaye kuma shi aka fara sallama.

Saura ƙofa ta kusa da mu, ta likita da mai farmasi. Bayan Mediator, dokar Disamban 2011 ta tilasta wa kamfanoni su bayyana duk abin da suka ba ma'aikacin lafiya in ya kai yuro 10, ko abincin rana ne, ko tikitin jirgi, ko kwanan otal. Masu bincike a Rennes suka ɗauki wannan rajista suka gwama ta da takardun maganin da likitocin unguwa sama da 41,000 suka rubuta, suka buga sakamakon a 2019. Kusan tara cikin goma sun taɓa karɓar wani abu. Waɗanda ba su karɓi komai ba, takardar maganinsu ta fi araha, sun kuma fi rubuta maganin da ba na babban suna ba. Kowane likita zai rantse maka cewa farantin abinci ba ya juya masa biro, kuma da gaskiyarsa yake rantsuwa. Amma kakanninmu da suka ce in baki ya ci ido sai ya ji kunya ba su jira jami'ar Rennes ba. A 2023 aka ci kamfanin Urgo, mai filastar ciwo, tara kan kyaututtukan da suka kai yuro miliyan 55 da ya raba wa masu farmasi dubbai, agogo, waya, kwalaben giya. Cikin masu karɓar har da Agnès Firmin Le Bodo, mai farmasi a Le Havre, wadda labarin ya fito a daidai lokacin da aka ba ta riƙon ma'aikatar lafiya. Ita ma kotu ta ci ta tara a 2024.

Na san tun ɗazu mutanen Kano ke jira in zo kansu. A 1996, cikin annobar sanƙarau da ta kashe mutum sama da dubu goma a arewacin Najeriya, ma'aikatan Pfizer suka sauka a asibitin cututtuka masu yaɗuwa na Kano, suka gwada sabon magani mai suna Trovan. Yara 200 aka sa a gwajin, rabi aka ba su Trovan, rabi wani maganin. Goma sha ɗaya suka rasu, wasu suka nakasa. Kamfanin har yau yana cewa cutar ce ta kashe su, iyaye kuwa suka ce ba wanda ya gaya musu gwaji ake yi da 'ya'yansu. Kwamitin da gwamnatin tarayya ta naɗa ya rubuta rahoto a 2001 yana cewa gwajin ya saɓa ƙa'ida, rahoton ya kwanta a durowa shekara biyar, sai da jaridar Washington Post ta samo shi a 2006. A 2009 aka sasanta da jihar Kano a kan dala miliyan 75. A ƙarshen 2010 kuma wata wasiƙar ofishin jakadancin Amurka da WikiLeaks ta fallasa ta ruwaito cewa kamfanin ya ɗauki masu bincike su tono asirin Antoni-janar Michael Aondoakaa don ya saki ƙarar gwamnatin tarayya. Pfizer ta ƙaryata. In wasiƙar ta yi gaskiya, to wannan ya wuce kamun ƙafa, ya zama kamun wuya. Ɓarnar kuma ba ta tsaya kan yara 200 ba. Da aka dakatar da rigakafin shan inna a Kano a 2003, Trovan na cikin abin da mutane ke kafa hujja da shi, cutar ta sake bazuwa zuwa ƙasashen da suka riga suka rabu da ita. Yaran da suka shanye a lokacin, yau magidanta ne.

Bambancin Faris da Kano ba wai a nan mutane sun fi tsoron Allah ba ne. A nan akwai takarda, akwai kuma wanda zai iya tilasta a buɗe ta. Tun 2017 duk mai kamun ƙafa wurin minista ko ɗan majalisa dole ya yi rajista da wata hukuma mai suna HATVP, ya faɗi a kan me ya je da kimanin abin da ya kashe. Rajistar tana da ramuka, ba ta faɗin sunan wanda aka gani, in kuma jami'in ne ya kira ka da kansa ba sai ka rubuta ba. Amma tana nan, kowa na iya dubawa, ba a tambayar katin zama. Haka shafin gwamnati mai suna Transparence Santé. Ku 'yan baya masu latsa waya, na gan ku tun ɗazu, yau in kun koma gida ku rubuta wa iyayenku sunan likitansu a ciki, ku karanta musu abin da ya fito. Ba don a je a yi masa rashin kunya ba, likitocin unguwar nan kaɗan ne, kuma sun gaji. Sai don in ya sauya wa Hajiya tsohon maganinta da sabo mai tsada, ta iya tambayarsa cikin ladabi me sabon ya fi tsohon da shi, kuma shekara nawa ya yi a kasuwa.

Abu na ƙarshe, ga iyayenmu mata musamman. In akwai wadda ta san an taɓa rubuta mata Mediator kafin ƙarshen 2009, don suga ko don ƙiba, ko wadda ta riƙa aika shi gida a cikin kaya, ta gaya wa likitanta ya rubuta mata hoton zuciya. Akwai hukumar biyan diyya mai suna ONIAM da aka ɗora wa wannan aiki tun 2011, kuma shigar da takarda wurinta ba ya bukatar lauya. Wadda ke jin nauyin magana a gaban maza ta same ni ta bakin 'yarta. Na ga ladan yana duba agogo. Tambayoyi sai bayan magariba.